Abokan Yarinta a Fim: Shawarwari Daga Zuru

A wata majalisa a Zuru, hira ta kai ga finafinan da ke nuna abokan yarinta da siyasa ko ƙabilanci suka raba. Shawarar da ta fi rinjaye ita ce masu shirya fim su daina buɗe labari da rigima. A fara nuna yaran tukuna, Bahaushe da Badakkare, suna cin tuwo kwano ɗaya, suna zuwa kallon Uhola, bikin gargajiya na Dakarkari, tare. Sai mai kallo ya shaƙu da su sannan rabuwarsu lokacin zaɓe, ɗaya APC ɗaya PDP, za ta taɓa zuciya.

Wani dattijo ya soki sulhun dare ɗaya da ake ƙarƙare fim da shi, kuma ya yi gaskiya. An kuma ce iyaye su riƙa kallo tare da yara.