Wanga mai biyo shi jiƙe, fatalwa ce ko zuciyatai ce?

Ɗan Bagalam:
Salamu alaikum ƴan uwa, wa ya kalli kashin da sunka saki daren jiya na fim ɗin abokan nan biyu da gulbi ya ci guda? Wanda bai gani ba shi tsallake don zan hwaɗi komi. Sai yanzu anka nuna muna gaskiya, ashe wanda ya tsira ne ya matsa ma abokin su ƙetare da dare alhali ruwa ya kawo, kuma da abokin ya kama mai riga sai ya fizge ya hita, ya koma gida ya kwanta bai gaya ma kowa ba har gari ya waye. To tambayata, wanga da ke zuwa ya zauna bakin gadonai ruwa na ɗiga, ba ya magana ba ya komi, mamacin ne ya dawo ko mi? Mun yi gardama a fada har shayi ya huce ba mu rabu ba.

Mushe na Zariya:
Wa alaikumus salam. Mamaci dai ba ya dawowa ƙanena, duba ƙarshen Suratul Mu'minun aya ta 99 da 100, akwai barzahu tsakani har ranar tashi. In an ga wani abu da kamannin wanda ya rasu, malamai na cewa aljani ne ko shaiɗan. Amma a fim ɗin ni ban ga alamar aljani ba, ku lura ba wanda ke ganinai sai shi kaɗai, ko matar da ta shigo da fitila tabarma busassa ta taras. Alhaki ne ke cin shi.

Maman Ikilima:
Ku kuna ta fatalwa, ni abin da ya sa ni kuka daban ne wallahi, uwar mamacin. Kullum sai ta zuba ma wanda ya tsira tuwo a kwanon ɗanta ta ce ci ɗana kai ka rage min, shi ko loma ta ƙi wucewa, hannu na rawa, tana mai fifita tana sa mai albarka wai shi ya fi kowa wahala ranar neman gawa. Haba! Wannan wurin ya hi duk ɗigar ruwan nan da kiɗan tsoro da sunka cika muna kunne, ni kiɗan ma ya ishe ni, kowane minti sai an buga gangan kamar mu yara ne. Da sun bar wajen cin tuwon shiru ya daɗe da ya isa.

Ɗan Bagalam:
Gaskiyarki Maman Ikilima. Amma Mushe, to sawun ƙafa jiƙaƙƙe da ƙanwatai ta gani bakin zaure hwa?

Mushe na Zariya:
Nashi ne, ba ka ga yana tashi cikin barci yana tahiya bakin rijiya ba? Ni inda sunka ban haushi wajen ƴan bori ne, mu nan Maraɗi mun san girka ba haka ake yin ta ba, kwanaki take ɗauka ana goge da caki, su ko minti biyu an turara hayaƙi wai aljana Doguwa ta sauka tana ba da labarin abin da ya wuce. Sai malamin da ya ce mai ya yi azumin wata biyu jere, wannan kaffarar kisan kuskure ce cikin Suratun Nisa'i aya ta 92, ko ta hau kanshi ko ba ta hau ba sai a tambayi masana, amma azumi ba zai hana shi hwaɗa ma tsohuwa gaskiya ba.

Maman Ikilima:
In ya hwaɗa mata kuma ta rasa ɗa na biyu kenan, tsohuwar da ko hawan jini bai bar ta ba. Ni dai ban so su yi saurin sa ta yafe mai a kashi mai zuwa, a bar ta ta yi fushinta tukuna.