An juya iyakar gonarmu a takardar ƙara

Tambaya: Assalamu alaikum. Na kai ƙara babbar kotun jiha kan gonar mahaifinmu da wani ya shiga har ya zuba bulo. Jiya na lura an rubuta cewa gabas ta yi iyaka da rafi, alhali rafin yana yamma, tsohuwar kuka ce a gabas. Shari'ata ta lalace ke nan?

Amsa: Wa alaikumus salam. Kwantar da hankalinka, Malam. Lauyanka ya nemi izinin gyara tun kafin hukunci. Kotu takan yarda, sannan ta ba abokin shari'arka damar mayar da martani.

Amsa: Kada ka yi sanya, ɗan'uwa. Filin da ba a tantance ba, alƙali na iya korar ƙararsa. Nemi safiyo ya zana taswira.

Amsa: Ku roƙi kotu ta je gani da ido, dattawa su nuna kukar.