Ɗinkin Duniya: musayar baiti daga bakin kogin Shuɗin Nilu, a ƙasar Sudan

Ɗan Mai Wurno:
Salamu alaikum. Tatsuniya ce na ƙaga, kada malamai su ɗauko mini bulala. Mai amsawa ya riƙe amsa-amon.

A garin da ba a zuwa da ƙafa ko raƙumi,
Akwai masu sana'ar ɗinke yagar duniya.
Tawadarsu ƙaron Kurdufan ne da gawayi,
Da lakar Nilu, a dama su cikin ƙwarya.
Alama uku gare su: dagi mai ƙulle tsaga,
Baka mai kiran ruwa ga matacciyar rijiya,
Sai ɗigo, autansu, wanda ya fi su tsada,
Shi ke kama yau ya mai da ita jiya.

'Yar Madani:
Yaya, ara mini ɗigon ko na dare guda,
In ɗiga shi kan Afrilun 2023, in ga iya.
Hartum ta kwana ba ƙarar bindiga,
Mu ma ba mu bar Madani da ƙullin kaya.

Ɗan Mai Wurno:
Ƙanwata, maɗinki ba ya sayen zare a kasuwa,
Yana zaro shi ne daga cikin zuciya.
Kowane ɗinki zai ci abu guda da kike tunawa,
Babbar yaga kan tafi da muryar mahaifiya.

Kawu na Sinnar:
Yara, ku dakata. Ni tsoron ɗigon nan nake.

Da an ba kakanninmu shi a Burmi, 1903,
Ranar da Sarkin Musulmi Attahiru ya faɗi a kan hanya,
Da sun ɗiga, wa zai ga laifinsu?
To da ɗansa Bello Mai Wurno bai yo gabas da tafiya.
Babu garin Mai Wurno, babu kai mai waƙa,
Babu kakarka mai tsinkar auduga a Jazira da wuya.
Madatsar Sinnar da aka gama a 1925,
Da ba mu taɓa jin rurin ruwanta ba ko sau ɗaya.
Wata yagar ita ce ƙofar da muka shigo,
Ka ɗinke ta, ka bar mu duka a baya.

Malamin Kasala:
Wasan ya yi, amma ku zana a ƙasa. Allo na karatu ne, kada yaro ya gani ya ɗauka hatimi ne ya wanke ya sha.

Manomin Gadarif:
Ni ku bar ni da baka, ba ruwana da tarihi,
Riɗina da dawata ke jiran ruwa tun shekaranjiya.
Ladan kuwa, a ɗauke tunanin bashin da ake bina,
Na yafe shi, wallahi, ba kunya.

'Yar Madani:
Kawu, na ji taka, na ajiye ɗigo.
A ba ni dagi, bangon ɗakinmu ya tsage tsakiya.
Zan biya da ƙugin jirgi marar matuƙi,
Wanda har yau yake hana ni barci lafiya.

Ɗan Mai Wurno:
Kai da ke duka, ba haka ake cinikin ba,
Zaren mai daɗi yake ci, ba ya cin tsiya.

'Yar Madani:
Yaya, wannan dokar yanzu ka ƙaga ta,
Ba ta cikin baitin farko, faɗi gaskiya.
Kawu, raba mu. Malam, kai ne shaida,
Kafin ya ƙaro wata, ya ce tun da can ya ajiya.