Retin ɗin talabijin da rediyo, me za mu ce masa da Hausa?

Jama'a a taimaka da kalma. Wannan abin da 'yan talla da masu gidajen talabijin suke ta ambato, wai retin ɗin shiri kaza ya hau, na kaza ya faɗi, an soke shi. Na ga wasu na rubuta "ƙidayar masu kallo" amma ni dai ba ta kwanta min ba, don ba wanda yake bi gida-gida yana ƙirga mutane. Kamfani ne kamar Nielsen a Amurka ko Barb a Birtaniya yake zaɓar wasu 'yan dubban gidaje, a liƙa musu na'ura jikin talabijin, ita take rubuta tashar da aka kunna da ƙarfe nawa, kowa a gidan da maɓallinsa da zai danna in ya zauna kallo, daga nan a lissafa a ce ga abin da ƙasa gaba ɗaya ta kalla. To wannan ƙidaya ce?

— Malam ai da sauƙi, "farin jinin shiri". Shikenan.

— A'a ɗan'uwa, farin jini so ne. Na'urar nan ba ta san so ba, kunnawa kawai ta sani. Mutum zai zauna yana zagin shiri daga farko har ƙarshe kuma an lissafa shi, wani ma ya danna maɓalli barci ya kwashe shi a kujera. Mai talla kuwa ba ruwansa, idanu yake saye.

— "Daraja" fa ko "matsayi"?

— Za ta rikice da taurarin da ake ba fim, da kuma wancan na shekaru, wai ƙasa da 18 kar su kalla. Duk Bature retin yake ce musu, mu bai kamata mu gaji ruɗaninsa ba.

— Ni "ƙiyasin masu kallo" nake gani, tunda ƙiyasi ne da gaske. Tun asali ma haka aka faro, a 1930 wani mai bincike Archibald Crossley a Amurka waya yake sa a buga wa mutane a tambaye su me suka saurara a rediyo, kowa ya faɗi abin da ya tuna. Daga baya wani mai suna Hooper ya canza salo, a buga maka a ce yanzu-yanzu me kake ji. Har littafi ake raba wa mutane su riƙa cikewa na mako guda, kuma kun san halin ɗan Adam, sai ranar da za a karɓa zai zauna ya cike duka.

— Hajiya kin kawo tarihi mai kyau amma ƙiyasi a kunnen Bahaushe kamar shaci-faɗi ne, ka ce wa mai kamfani ya biya miliyoyi kan ƙiyasi ai sai ya tashi. A 2024 tallan daƙiƙa 30 a wasan Super Bowl, wato wasan ƙarshe na gasar ƙwallon Amurka, ya kai wajen dala miliyan 7, kuma alƙaluman nan ne hujjar farashin. Ni "awo" na zaɓa. Awon masu kallo, awon masu sauraro. Likita ma sirinji ɗaya yake ɗiba ya ce ya auna jininka, ba wanda ya ce masa ƙarya ne.

— Awo kuma? Ciki ne da talabijin ɗin 😂

— Wallahi na san sai an faɗa. Amma in ka ce "awon masu kallo" a cike ba mai tunanin asibiti. Kuma tana juyuwa a baki, an auna shirin, awonsa ya hau, awonsa ya sauka, kamfanin awo.

— Toh na karɓa, sai dai akwai ta biyun da kuka manta, wadda Turawa suke ce wa "share". A ce gida 1000 ne masu talabijin, 400 suka kunna a daren, 100 suna kan shirinka. Retin ɗinka 10 ne cikin ɗari, amma cikin waɗanda suka kunna kana da 25. Shirin ƙarfe biyun dare zai iya samun awo ɗan mitsitsi alhali shi ya kwashe rabin waɗanda ba su yi barci ba.

— Wannan "rabo" ne kai tsaye. Awonsa 10, rabonsa 25.

— Kaso fa? Ta fi zama ta lissafi.

— Kaso ta riga ta tafi wurin "kaso 10 cikin ɗari", in muka sa ta za ka ji ana cewa kasonsa kaso 25, ba daɗi. A bar rabo. Malam mai tambaya, sa su a rubutunka mu ga ko editanka zai bari su wuce.