Neman shawara: lissafin daidaito biyu ta hanyar maye gurbi

Wani uba daga Tawa ya rubuto:

Assalamu alaikum 'yan uwa. Ɗiyata tana ajin turwaziyem, bana za ta zauna jarrabawar BEPC. An ba su wannan aikin: x + y = 12 da 3x − 2y = 11. Ta fitar da y = 12 − x daga na farko, ta sa shi cikin na biyu, ta samu x = 35 da y = −23. Ta gwada a na farko, 35 − 23 ya ba ta 12, amma malaminsu ya soke amsar. Ina kuskuren yake?

Wani malamin lissafi ya amsa:

Wa alaikumus salam, Alhaji. Malaminsu yana da gaskiya, kuma matakinta na farko daidai ne. Matsalar tana wajen buɗe baka: 3x − 2(12 − x) = 11. Wannan −2 yana ninka duk abin da ke cikin baka, saboda haka −2 sau −x ya zama +2x, ita kuwa ta bar shi −2x. Idan aka gyara, za a samu 3x − 24 + 2x = 11, wato 5x = 35, x = 7, sannan y = 5.

Gwajin da ta yi shi ya yaudare ta. Tunda daga daidaito na farko ta ciro y, kowace lamba ta ba x, na farkon zai amince da ita, ko daidai ko kuskure. A na biyu ake gwadawa: amsarta tana ba da 105 + 46 = 151, ta gaskiya kuma 21 − 10 = 11.

Wata ɗalibar Jami'ar Abdou Moumouni ta Yamai ta ƙara:

Baba, ku ce mata ta riƙa rubuta bakan kafin ta ninka komai, kada ta yi a kai, domin garin sauri ne alamar ragewa take ɓacewa. Idan da sauran lokaci, ta sake bi ta hanyar haɗawa: a ninka na farko da 2, a samu 2x + 2y = 24, a tara da na biyu, y ya fita, 5x = 35 ya rage.

Uban ya dawo:

Allah ya saka muku da alheri. Malam, me ya sa aka ciro y maimakon x?

Malamin ya ce:

Duka biyun suna kaiwa. Ana dai zaɓen harafin da ba a ninka shi da wata lamba ba, don kauce wa rabawa. Da ta fara da 3x, da sai ta raba komai da 3.