Mace za ta iya gina sana'ar shirya fim daga Sakkwato ba tare da ta koma Kano ba?

Ɗiyar Mabera:
Assalamu alaikum. Na gama karatu a Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo, kuma burina in zama mai shirya fim da ke cin gashin kanta. Aikin da ya tsaya mini a rai shi ne tarihin 'yan taru, matan da Nana Asma'u, wadda ta rasu a 1864, ta ɗora bisa hanyar kai ilimi ƙauyuka ƙarƙashin jagorancin jaji, wato macen da ke shugabantar kowane rukuni nasu. Ina son in zauna da tsofaffin da suka haddace waƙoƙinta tun kafin ƙasa ta rufe musu ido. Abin da na mallaka bai wuce kyamara ɗaya da kwamfuta ba. Mahaifina bai hana ni ba, amma da ya ji kalmar fim sai ya yi shiru, ya ci gaba da jan tasbaha. Kowa yana ce mini sai na koma Kano. Haka abin yake?

Uwar Gida:
Wa alaikumus salam, ƙanwata. Kano ce cibiyar harkar tun farkon shekarun 1990, wannan babu musu, amma abin da kike nema yana nan cikin gidajenmu, inda namiji ke tsayawa a zaure ke kuwa ki yi sallama ki wuce. Na taɓa kwana uku ina zuwa wurin wata dattijuwa ba tare da na fitar da kyamara daga jaka ba. Sai a rana ta huɗu, muna zaune kan tabarma tana tsinkar zogale, ta fara rera waƙar da kakarta ta koya mata, sannan da kanta ta ce in ɗauka. Babu namijin da zai samu wannan, komai tsadar kayan aikinsa.

Batun Baba kuwa, kada ki tsaya yi masa dogon bayani. Ki haɗa minti goma na aikinki, ki ajiye masa kwamfutar a gabansa bayan sallar isha'i ya gani da idonsa, domin abin da yake tsoro shi ne rawa da surutun mutane, kuma tsoron nasa ba na banza ba ne.

Mai Ɗaukar Sauti:
Malama, ki fara sayen makirufo mai kyau kafin ki yi tunanin sauya kyamara. Mai kallo yana haƙuri da hoto mai duhu, amma ba ya jure muryar da ƙarar janareta da kukan awaki suka danne. Ki riƙa ɗauka da sassafe, musamman a Afrilu, lokacin da zafin garin nan kan sa kyamara ta mutu da kanta. Ta fuskar kuɗi, kasuwar faifai ta riga ta faɗi, kuma YouTube ba ya fara raba kuɗin talla sai tasharki ta tara mabiya 1,000 da awa 4,000 na kallo cikin shekara guda, saboda haka ki nemi abin da zai riƙe ki, ko da ɗaukar bukin aure ne a ɓangaren mata.

Baban Fatima:
'Yata, ni ina ganin fita neman horo na ɗan lokaci ba laifi ba ne, ga makarantar koyon fim ta ƙasa a Jos. Abin da ya fi damuna shi ne mallaka. Ki yi wa kamfaninki rajista da sunanki, kuma duk wanda ya ba ki jari ku rubuta yarjejeniya gaban shaidu, don kada gobe ya ce fim ɗin nasa ne. Tsofaffin ma ki nemi izininsu da na iyalansu kafin ki nuna fuskarsu. Sannan ki leƙa Cibiyar Tarihi ta Waziri Junaidu tun kafin ki shiga ƙauye.

Ɗiyar Mabera:
Na gode ƙwarai, Allah ya saka da alheri. Yaya Uwar Gida, idan dattijuwa ta yarda da muryarta amma ta ƙi yarda a ɗauki fuskarta, yaya kike yi?

Uwar Gida:
Sai in ɗauki hannuwanta da abin da take yi da su, muryar tana tafiya a kai.