Turare a rigar maigida: me ya sa tsofaffin fina-finan barkwanci suka cika zargi?

Mai Turare, Aboabo:
Salamu alaikum. Daren jiya da aka ɗauke wuta, ɗana ya kunna min wani fim a waya, na 1913, baƙi da fari, ba magana. Sunansa A House Divided, wata Bafaranshiya, Alice Guy-Blaché, ta shirya shi a Amurka. Ɗan talla ya fesa wa magidanci turare a ofis, ya koma gida yana ƙamshi, uwargida ta sha kunu. Shi kuma ya tsinci safar hannun wani namiji a gidan. Har gaban lauya, aka yi yarjejeniya: gida ɗaya, ba mai ce wa wani uffan, sai dai a rubuta a takarda a miƙa.

Na sha dariya, daga baya jikina ya yi sanyi. Shekara 19 ina shafa wa maza turare a bayan hannu a kasuwar Kejetia ta Kumasi, ko sun saya ko ba su saya ba. Gida nawa na hargitsa? Kuma me ya sa tun wancan zamani zargin aure ne abin ban dariyarsu?

Ticha, Asawase:
Alhaji, rashin muryar ne. Wanda ba zai yi magana ba dole ya nuna abu: safa, wasiƙa, mace tana shinshina kwalar riga. Kai mai kallo ka ga ɗan tallan, ita ba ta gan shi ba, nan dariyar take. Nemi fim ɗin Mighty Like a Moose na ɗan wasan barkwanci Charley Chase, 1926. Miji ya gyara haƙora a ɓoye, mata ta gyara hanci a ɓoye, suka haɗu ba su gane juna ba, har suka fara soyayya.

Maman Biyu, Tafo:
Ku maza komai dariya. Ni ɗan kunne na tsinta a tasin maigidana, ƙwaya ɗaya, a kujerar gaba. Kwana huɗu ko sannu. Mu ba takarda, autarmu ce 'yar aike: "Je ki ce wa babanki tuwo na nan." Ashe ɗan kunnen na ƙanwarsa ne. Har yau ban ba shi haƙuri ba, miya dai na ƙara wa nama.

Mai Turare, Aboabo:
Hajiya, Allah ya huci zuciyarki. Ticha, zan nema. Yau da safe wani ango ya miƙo hannu, na ce a'a, shinshina murfin kwalbar kawai.